Kansar huhu: Magani ya samu, saura gwajin da zai kai shi Nguru da Gashuwa

A shekarar 2002 likitoci a Amurka suka fitar da sakamakon wani babban bincike da suka yi a kan majinyata sama da 1,000 waɗanda kansar huhu ta riga ta bazu a jikinsu. An gwada haɗin magungunan kemo iri huɗu, mafi inganci a wancan zamani, aka tarar duk kanwar ja ce: rabin majinyatan ba su wuce wata 8 ba. Shekara 22 bayan haka, a babban taron likitocin kansa da ake yi a birnin Shikago, aka bayyana sakamakon wata ƙwayar magani mai suna lorlatinib, wadda ake haɗiya sau ɗaya a rana. Cikin waɗanda suka sha ta, kashi 60 cikin 100 sun cika shekara 5 suna raye ba tare da cutar ta ƙara gaba ba.

Sai dai akwai sharaɗi. Wannan ƙwaya ba ta kowane mai kansar huhu ba ce. Tana aiki ne ga wanda aka ɗebi ɗan yanki daga ƙarin da ke huhunsa, aka auna, aka tarar da wata takamaimiyar tangarɗa a ƙwayar gadon da ake kira ALK, wadda ba ta wuce a samu ga mutum 4 ko 5 cikin majinyata 100 ba. Haka sauran 'yan uwanta suke. Kowace da tangarɗar da aka ƙera ta domin ta. Wanda ba a auna ba, da zuwan waɗannan magunguna da rashin zuwansu duk ɗaya ne a wajensa.

A nan labarin ya shafi arewacin Yobe. Ma'aikacin tarayya ɗan Nguru ko Gashuwa da ke zaune a Abuja ya san irin wayar da kan shigo bayan Isha'i, a ce masa tarin Baba ya ƙi ci ya ƙi cinyewa, an gama shan maganin wata 6 amma yana ƙara ramewa, yanzu an ce a tafi Kano. Yakan tura kuɗin mota da na hoto. Abin da ba kasafai yake sani ba shi ne tambayar da ya kamata a yi wa likita, da kuma dalilin da ya sa amsarta ke da wuyar samu.

Ƙasar hayaƙi da hazo

Kansar huhu ita ce kan gaba wajen kisa a cikin dukan nau'o'in ciwon daji a duniya. Ƙididdigar hukumar binciken kansa ta Majalisar Ɗinkin Duniya ta nuna cewa a 2022 kimanin mutum miliyan 2.5 suka kamu da ita, miliyan 1.8 suka rasu. A Najeriya kuwa, inda aka ƙiyasta sababbin masu kansa sun haura 127,000 a wannan shekarar, waɗanda aka lissafa a ɓangaren huhu ba su kai 2,000 ba. Ga ƙasar da ta haura mutum miliyan 200, wannan adadi ya yi kyawun da ya isa a yi masa kallon tsanaki.

Gaskiya ne cewa 'yan Najeriya ba su kai Turawa da Sinawa shan taba ba. Binciken ƙasa na 2012 ya nuna maza 10 cikin 100 ne ke amfani da taba ta kowace siga, mata kuwa kusan 1 cikin 100. Gaskiya ne kuma cewa yawancin al'ummarmu matasa ne, ita kuwa wannan cuta ta fi kama wanda ya haura 50. Amma alƙaluman ƙasar an gina su ne a kan rajistocin wasu birane irin su Ibadan, Abuja da Kalaba, kuma rajista ba ta rubuta sunan wanda ba a tabbatar da cutarsa ba. Manomin da ya rasu a wani ƙauyen Jakusko ko Yusufari da katin maganin tarin fuka a aljihu, ba zai taɓa shiga wannan lissafi ba.

Taba ce babbar sila, wannan ba abin musu ba ne. Amma ba ita kaɗai ba ce. Hukumar Lafiya ta Duniya ta danganta kimanin kashi 11 cikin 100 na mace-macen kansar huhu ga hayaƙin girki na cikin gida, wato na itace, gawayi, kara da kananzir. Wanda ya san Nguru da Gashuwa ya san matsayin hayaƙi a rayuwar mutanensu. Akwai na murhu, wanda mace ke shaƙa safe da yamma tun tana budurwa har ta yi jikoki. Akwai na bandar kifi, sana'ar da dausayin Haɗeja da Nguru da kogin Komadugu Yobe suka ɗora dubban gidaje a kanta. Akwai na injin ban ruwa da na niƙa da manyan motocin da ke lodin hatsi da dabbobi; shi kuwa hayaƙin dizil tun 2012 aka saka shi a jerin abubuwan da aka tabbatar suna haddasa kansar huhu. A kan wannan duka sai hunturu ya zo da hazonsa daga ƙwarin Bodele na ƙasar Chadi, kuma garuruwan bakin hamada ne ke fara karɓarsa.

A 2023 masana a cibiyar Francis Crick ta Landan, ƙarƙashin Farfesa Charles Swanton, suka wallafa binciken da ya nuna yadda ƙananan ɓurɓushin gurɓatacciyar iska ke tayar da kumburi a huhu, kumburin kuma ya farkar da ƙwayoyin jikin da dama ke ɗauke da tangarɗar gado a kwance. Tangarɗar da suka bibiya ita ce ta EGFR, wadda ta fi yawa ga mata da waɗanda ba su taɓa shan taba ba, kuma ita ce ta fi kowace samun magunguna masu sauƙin kuɗi. Binciken bai shafi ƙurar Sahel kai tsaye ba, don haka ba hujja ba ce ta ɗora wa hunturu laifi. Amma ya isa ya sa likita ya daina kawar da tunanin kansa daga kan dattijuwa mai tari don kawai ba ta taɓa riƙe karan sigari ba.

Rigar tarin fuka

Babban abin da ke ɓoye kansar huhu a wannan yanki shi ne kamanninta da tarin fuka. Tari mai daɗewa, jini a majina, rama, ciwon ƙirji, kasala, ruwa a gefen huhu, inuwa a hoton ƙirji: duk alamomin nan cututtukan biyu sun yi tarayya a kansu. Najeriya ce ta fi kowace ƙasa a Afirka yawan masu tarin fuka, kimanin mutum 500,000 a shekara. Saboda haka ma'aikacin lafiyar da ya ga mai irin waɗannan alamomi ya fara zargin tarin fuka bai yi kuskure ba. Sau da yawa ma shi ke da gaskiya.

Matsalar takan taso ne bayan gwajin majina ya nuna babu ƙwayar cutar. Ƙa'ida ta yarda a ɗora mutum a kan magani bisa hoto da alamomi, domin akwai tarin fukan da gwaji ba ya kamawa. Maganin kyauta ne, yana kusa, shi kuwa binciken da zai gano kansa yana nesa kuma da tsada. Sai a fara maganin wata 6. In aka yi rashin sa'a kansa ce, waɗannan watanni su ne ratar da ke tsakanin ƙarin da za a iya yankewa da wanda ya riga ya kai ƙashi, hanta ko ƙwaƙwalwa. Likitoci a Najeriya, Indiya da Afirka ta Kudu sun sha rubuta rahoton irin wannan jinkiri. Wani lokacin ma cututtukan biyu na haɗuwa a huhu ɗaya, domin tabon tsohon tarin fuka na ƙara haɗarin kansa.

Akwai wani abu da ya kamata iyalai su sani a nan. Rifampicin, ginshiƙin magungunan tarin fuka, wanda ke mayar da fitsari ja, yana sa hanta ta riƙa narkar da sababbin magungunan kansar huhu da sauri. An auna cewa yana rage ƙarfin gefitinib a jini da fiye da kashi 80 cikin 100. Iyalin da suka sayar da gona suka sayo ƙwayar kansa, suka ci gaba da ba majinyaci maganin tarin fuka ba tare da likitan kansa ya sani ba, sun zuba kuɗinsu a rariya.

Yadda maganin saiti ke aiki

Jikin ɗan Adam gini ne na ƙananan ƙwayoyi, kowace kuma na ɗauke da kundin umarni da ta gada, wanda ake kira DNA. Kowane babi na wannan kundi shi ne ƙwayar gado. Wasu babukan na umartar ƙwayar jiki ta hayayyafa, wasu na tsawata mata ta tsaya. Kansa na farawa ne idan kuskure ya shiga rubutun, umarnin hayayyafa ya maƙale a kunne, kamar makunnin fitilar da ya ƙi kashuwa. Galibin irin wannan kuskure a kansar huhu ba daga iyaye ake gadonsa ba. A cikin huhun yake aukuwa a tsawon rayuwa, kuma ba ya wucewa ga 'ya'ya. Ya kamata a jaddada wannan, domin a al'ummar da ake bincikar asali kafin aure, kalmar "gado" kaɗai na iya jawo wa gida tsangwamar da ba ta da tushe.

Kemo yana kai hari ne ga duk ƙwayar da ke saurin hayayyafa, mai cuta da mai lafiya, shi ya sa gashi ke zuba, jini ke raguwa. Maganin saiti kuwa makunnin da ya maƙale kaɗai yake nema ya toshe. An gano haka ne ta bayan gida. Lokacin da aka fara ba majinyata gefitinib, wanda Japan ta amince da shi a 2002, yawancinsu ba su ga wani sauyi ba, amma wasu 'yan tsiraru suka miƙe kamar an zare musu ƙaya. A 2004 ƙungiyoyin masana a birnin Boston suka gano sirrin: waɗanda suka samu sauƙin duk suna da tangarɗa a ƙwayar gadon EGFR.

Binciken da ya rufe muhawarar shi ne wanda Farfesa Tony Mok na Hong Kong ya jagoranta a ƙasashen Asiya, aka wallafa a 2009, da majinyata 1,217. Cikin masu tangarɗar EGFR, ƙarin ya motse ga kashi 71 cikin 100 na waɗanda suka sha ƙwayar. Cikin marasa tangarɗar, kashi 1 kacal. Ga wannan rukuni na biyu, kemo ya fi ƙwayar amfani nesa ba kusa ba. Ma'ana, ba da maganin saiti ba tare da gwaji ba cutarwa ce, domin yana hana mutum maganin da zai taimake shi.

Daga nan ƙofa ta buɗe. A 2007 Hiroyuki Mano da abokan aikinsa a Japan suka gano tangarɗar ALK, a 2011 aka samu maganinta na farko, crizotinib. A 2015 osimertinib ya fito, wanda ke shiga ƙwaƙwalwa ya bi cutar can, kuma a gwaji ya riƙe ta kimanin wata 19, inda tsofaffin ƙwayoyin suka riƙe ta wata 10. A 2021 aka samu sotorasib domin wani nau'in tangarɗar KRAS, wadda aka shafe kusan shekara 40 ana ganin ba ta da makama. Ga waɗanda ba su da ko ɗaya daga cikin waɗannan, akwai alluran zaburar da garkuwar jiki irin su pembrolizumab, su ma da nasu gwajin.

Kada a yi wa rogo kallon kitse. Ga wanda cutar ta bazu, waɗannan magunguna ba sa warkarwa. Suna riƙe ta ne, kuma daga baya takan sake wani kuskuren rubutun ta kuɓuce musu. Suna kawo ƙuraje da gudawa, wani lokaci kumburin huhu ko matsalar hanta. Amma bambancin wata 8 a kan gado da shekara 2 ko 3 mutum na zuwa masallaci da kasuwa da ƙafarsa ba ƙaramin abu ba ne ga magidancin da ke da 'ya'ya a makaranta. Sannan ƙwaya ce da ake sha a gida. Ga mazaunin Machina ko Karasuwa, wanda kowane zagayen kemo ke nufin kwana biyu a hanya da kwana a barandar asibiti, wannan kaɗai ya isa dalili.

Yawan masu tangarɗar EGFR ya bambanta daga al'umma zuwa al'umma: kusan rabin masu nau'in kansar huhu da aka fi samu a gabashin Asiya, kashi 10 zuwa 15 a Turai. Alƙaluman Afirka galibi daga arewacin nahiyar suke da Afirka ta Kudu. Gurbin Bade, Manga, Hausa da Fulani a wannan taswira fari fat yake, kuma gwamnatin da ba ta san yawan masu buƙatar magani ba, ba ta da abin riƙewa a teburin ciniki da kamfanin da ke sayar da shi.

Gyaran ƙwayar gado: tukuna

Akan haɗa maganin saiti da wani fanni daban, wato jinya ta hanyar gyaran ƙwayar gado, har mai karatu ya ɗauka abu ɗaya ne. Maganin saiti yana toshe aikin kuskuren ne, bai taɓa rubutun ba. Shi kuwa gyaran ƙwayar gado, rubutun kansa yake nufa: a shigar da lafiyayyen babi cikin ƙwayar da nata ya lalace, ko a goge wani.

An daɗe ana gwada wannan a kansar huhu. A 1996 Dakta Jack Roth na cibiyar MD Anderson da ke Houston ya yi wa majinyata 9 allurar lafiyayyiyar ƙwayar gadon p53, mai tsawata wa ƙwayoyin jiki, kai tsaye cikin ƙarin. A 2003 China ta amince da Gendicine, wanda aka gina a kan wannan dabara, amma domin kansar kai da wuya. A Oktoban 2016 likitoci a birnin Chengdu, ƙarƙashin Lu You, suka zama na farko da suka yi wa ɗan Adam ƙarin ƙwayoyin garkuwar jiki da aka gyara da fasahar CRISPR, kuma mai kansar huhu ne. Sakamakon da suka wallafa a 2020, a kan majinyata 12, ya nuna dabarar ba ta da mummunan haɗari, amma tasirinta a kan cutar kaɗan ne. Wahalar a fili take: ƙari ɗaya na ɗauke da biliyoyin ƙwayoyi, kuma isar da gyara ga kowace, har da waɗanda suka yi ƙaura zuwa ƙashi da hanta, abu ne da har yanzu ba a iya ba.

Inda wannan fanni ya yi nasara a fili shi ne cutar da Arewa ta fi kowa sani, sikila. A ƙarshen 2023 Birtaniya da Amurka suka amince da Casgevy, a kan farashin dala miliyan 2.2 ga mutum ɗaya. A kansar huhu kuwa, hukumomin magunguna na Amurka da Turai ba su amince da ko ɗaya ba. Duk abin da ake yi gwaji ne. Wannan bayani na da amfani ga masu ɗan hali a Abuja, domin su dillalan asibitocin ƙetare ke fara nema. Duk wanda ya yi wa iyali tallan gyaran ƙwayar gado a matsayin tabbataccen maganin kansar huhu, a tambaye shi wace hukuma ce ta amince da shi, kuma a wace shekara.

Hanyar da samfuri ke bi

Cibiyar Lafiya ta Tarayya da ke Nguru ita ce babban asibitin tarayya a Jihar Yobe, kuma majinyatanta ba 'yan jihar kaɗai ba ne. Akwai na gabashin Jigawa da na kudancin Nijar. Daga nan, ko daga asibitin gwamnatin jiha a Gashuwa, mai inuwa a hoton ƙirji na buƙatar hoton CT, sannan a ɗebo ɗan yankin ƙarin, ko ta allura daga waje ko ta bututun da ake zurawa a maƙogwaro. Likitan binciken tsoka zai duba ya tabbatar kansa ce, ya faɗi nau'inta. Sai bayan nan ake maganar gwajin EGFR da ALK, wanda galibi dakunan gwaji masu zaman kansu a Legas da Abuja ke karɓa, sau da yawa kuma su tura samfurin Afirka ta Kudu, Indiya ko Turai. Kowane mataki da kuɗinsa da layinsa da tafiyarsa, kuma a kowane mataki ana zubar da wasu.

Tun da layin dogo ya iso Nguru a 1930, fuskar garin Kano take kallo, kuma har yau can yawancin masu neman babban asibiti ke nufa, inda Asibitin Koyarwa na Aminu Kano ke da cibiyar gwaje-gwajen da hukumar zuba jarin ƙasa ta NSIA ta gina. Wasu kan bi ta Damaturu zuwa Maiduguri, inda Asibitin Koyarwa na Jami'ar Maiduguri ya gina cibiyar kansa. Ambaliyar madatsar Alau ta 10 ga Satumba, 2024 ta shiga wannan asibiti ta lalata na'urori, abin da ya nuna haɗarin dogaron shiyya guda a kan cibiya guda. A Yulin 2025 Ministan Lafiya, Farfesa Muhammad Ali Pate, ya buɗe sababbin cibiyoyin kansa uku, a Katsina, Inugu da Benin. Ci gaba ne na gaske. Amma na'urar gashi tana jiran wanda aka riga aka gano cutarsa ne, ba ta zuwa ƙauye nemansa.

Batun kuɗi ya fi ɗaci. Asusun tallafa wa masu kansa da gwamnatin tarayya ta faro a 2021, wanda yanzu ke hannun cibiyar NICRAT, an gina shi ne a kan nau'i uku: kansar mama, ta bakin mahaifa da ta mafitsarar maza. Asibitoci shida aka fara da su, na Arewa maso Gabas kuwa shi ne na tarayya da ke Gombe. Zaɓin nau'o'in uku na da hujja, domin su suka fi yawa a rajista. Sai dai abin ya zama zagaye: ba a gano kansar huhu saboda ba a tanadi kuɗin gano ta ba, ba a tanadi kuɗin ba saboda rajista ta ce ba ta da yawa.

Inshorar ma'aikacin tarayya ta hukumar NHIA ta ƙunshi shi da matarsa ɗaya da 'ya'ya huɗu 'yan ƙasa da shekara 18. Mahaifinsa da ke Gashuwa, wanda shekarunsa suka fi jefa shi cikin haɗarin wannan cuta, ba ya ciki sai an yi masa rajista ta daban, ko a NHIA ko a hukumar taimakekeniyar lafiya ta Jihar Yobe. Akwai yarjejeniyar raba farashi tsakanin NHIA da kamfanin Roche a kan wasu magungunan kansa, inda kamfanin ke ɗaukar rabi, hukumar kashi 30, majinyaci kashi 20, amma mai rajista ne ke cin moriyarta. Rajistar kuma kafin ciwo ake yinta. Ba a fafe gora ranar tafiya.

Su kansu magungunan hawa biyu ne. Osimertinib na asali ya fito kasuwar Amurka a kan fiye da dala 12,000 a wata, a ƙasar da mafi ƙarancin albashinmu naira 70,000 ne ba ma sai an yi lissafi ba. Amma gefitinib da erlotinib wa'adin mallakarsu ya ƙare, kamfanonin Indiya na yin su da rahusa mai yawa, kuma tun 2019 Hukumar Lafiya ta Duniya ta saka su a jerin magungunan da ya wajaba kowace ƙasa ta tanada. Haɗarin da ke nan shi ne jabu. NAFDAC ta sha fitar da gargaɗi a kan jabun magungunan kansa, ciki har da Avastin da Tecentriq. Maganin da aka sayo ta hannun wani ɗan tsakani a WhatsApp, ba lambar rajista ba rasit, na iya zama alli.

Abin da ke ƙasa tun yanzu

Arewacin Yobe ya riga ya san yadda cutar da ba a ƙirga ba ke cin mutane a ɓoye. An shafe shekaru ana binne masu ciwon ƙoda a Gashuwa da kewaye kafin maganar ta zama ta gwamnati, a samar da wankin ƙoda kyauta a Asibitin Koyarwa na jihar da ke Damaturu, a kuma fara binciken musabbabi. Cibiyar da ke jan ragamar binciken, BioRTC ta Jami'ar Jihar Yobe, an buɗe ta a 2021 bisa jagorancin Dakta Mahmoud Bukar Maina, masanin ƙwaƙwalwa a Jami'ar Sussex ta Ingila, wanda shi kansa ɗan Nguru ne. Cibiyar na da na'urorin nazarin ƙwayoyin jiki da na gado irin waɗanda jami'o'i kaɗan ke da su a ƙasar nan, tana kuma horar da matasan masana. Ba asibiti ba ce, kuma gwajin da za a ɗora magani a kansa na buƙatar lasisi da tantancewa ta daban. Amma ta rushe tunanin cewa irin wannan aiki sai Legas.

Dabarar auna ƙwayar gado kafin zaɓen magani ma ba baƙuwa ba ce a asibitocinmu. Na'urar GeneXpert, wadda Hukumar Lafiya ta Duniya ta amince da ita a 2010 kuma ta bazu a dukan jihohin Najeriya, abin da take yi ke nan: tana karanta DNA na ƙwayar tarin fuka, ta faɗi ko tana da tangarɗar da ke sa ta bijire wa rifampicin, cikin sa'a biyu. Akwai makamanciyarta da ke karanta EGFR daga yankin tsoka cikin sa'o'i kaɗan, kuma tun 2016 aka amince da gwajin EGFR daga jini, ga wanda ba zai jure a taɓa huhunsa ba, ko da yake na jinin yakan kasa kama wasu. Annobar korona ta bar ɗakunan gwajin PCR a kusan kowace jiha, da ma'aikatan da suka iya sarrafa su. Abin da suke buƙata domin EGFR shi ne sinadaran gwajin, horo da tsarin tabbatar da inganci.

A ganina, matakin da ya fi kowane araha yana cikin shirin yaƙi da tarin fuka ne, domin nan mai kansar huhu ke fara faɗawa. Ƙa'ida ce ta layi biyu: duk wanda ya haura shekara 40, gwajin majinarsa bai nuna komai ba, aka ɗora shi a kan magani bai samu sauƙi ba cikin wata 2, a tura shi hoton CT, kuma a rubuta sunansa a wani kundi da za a bibiya. Irin wannan layi a takardar umarni masu taimaka wa minista da daraktoci ne ke tsara shi, kamar yadda mataimakan 'yan majalisa ke tsara ayyukan mazaɓu. Mazaɓar Yobe ta Arewa, wadda ta riƙe shugabancin Majalisar Dattawa daga 2019 zuwa 2023, ba ta rasa masu faɗa a ji da za su iya neman a ƙara gwajin EGFR da gefitinib cikin abin da asusun kansa da NHIA ke biya.

Ga iyalin da ke cikin halin yanzu kuwa, abin da za su nema a bakin likita shi ne ko an tabbatar da tarin fukan da gwaji ko zato ne. In an kai ga ɗebo tsoka, su tambayi nau'in kansar, su kuma roƙi a adana ragowar samfurin. Ɗakin gwaji kan daskarar da shi ne cikin kakin kyandir, dunƙulen bai kai kwalin ashana ba, ba ya buƙatar firji, yana shekaru bai lalace ba. Shi ake yanka a yi gwajin EGFR da ALK, ko a Kano, ko a Abuja, ko a ƙetare, ba tare da an sake ɗaga majinyaci daga gadonsa ba. Masu baburan da ke kwasar majinar tarin fuka daga ƙananan asibitoci zuwa inda na'ura take suna bin hanyoyin Bade da Nguru tun tuni, kuma akwatinsu ɗaya zai ɗauki irin wannan dunƙule guda hamsin.